Sakan Bakwai da Aka Cire wa Baba

Litinin, 3 ga wata, ƙarfe 6:40 na safe

Kai da ka buɗe littafin nan ba da izinina ba, bari in tambaye ka tun kafin ka gyara zama. Idan mutum ya yi shekara talatin yana riƙe da magana ɗaya a cikinsa, ya fito da ita sau ɗaya tak, sai wani ya zo ya datse ta gida biyu ya jefar da rabi, me za ka kira wannan? A wurin aikinmu “gyara” suke kiransa. Kai fa? Idan kuma ke ce Yaya, ki mayar min da shi ƙarƙashin katifa, na san yadda na ajiye.

Garin nan zai cika shekara ɗari biyu ranar 22 ga wata, shi ne aka ce a yi masa fim. Ba irin fim ɗin da ka sani ba. Babu jarumi, babu soyayya, babu labari ma. Mutum ɗari shida aka ɗauka, kowa ya tsaya minti ɗaya a gaban kyamara riƙe da kayan sana'arsa, bai ce komai ba. Muryoyinsu daban aka ɗauka, a wani ɗaki. Za a haska fuskokin a manyan alluna tara a cikin tsohon siton bayan tasha, muryoyi suna fitowa ta kowace kusurwa, masu kallo suna yawo a tsakani. Da aka fara yi min bayani na ce wannan hauka ce da kuɗin gwamnati. Yanzu wata takwas ina cikin haukar, kuma wanda ya zage ta a gabana sai mun raba hali.

Aikina rubuta muryoyin. In sa abin sauraro a kunne, in rubuta duk abin da tsohuwa ko tsoho ya faɗa, har tari da “wato”. Babana yana cikin ɗari shidan, shi ne na ɗari biyu da goma sha ɗaya, mai gyaran keken ɗinki. Ga abin da ya faɗa, ni na rubuta da hannuna:

“A nan muka tashi. Daga nan kuma aka tashe mu, ranar wata Laraba, tukunya tana kan wuta.”

Shekaranjiya aka yi gwaji a siton. Fuskar Baba ta fito a allo na shida, tsawonta ya fi mutum uku. Muryarsa ta ce, “A nan muka tashi.” Shi ke nan. Wata mai sayar da zare ta fito tana dariya.

Sai na gano wanda ya yanke.

Litinin, ƙarfe 4:15 na yamma

Na shiga ɗakin haɗi. Mai haɗa fim ɗin muna ce masa Mai Almakashi, ko da yake bai taɓa riƙe almakashi ba, kwamfuta ce a gabansa da kofin shayin da ya huce tun jiya. Idonsa ja kamar wanda aka zuba wa barkono.

Na ce, “Wa ya sa ka?”

Ya ce, “Malam Rediyo, sallama ma ta gagara? Wa ya sa ni me?”

Na ce masa ɗari biyu da goma sha ɗaya. Ya daddanna, ya saurara, ya ce, “Ni takarda nake bi. Mutum ɗari shida, kowa ya yi surutun minti arba'in, kana ganin ina da kunnen jin duka? Abin da takarda ta ce—”

Ban bari ya ƙarasa ba. Na ce masa masu tuƙa katafilar da ta rushe unguwar su Baba ma takarda suka bi. Na ce shi da su duk jirgi ɗaya. Na faɗi wasu abubuwan. Ya ɗauki kofinsa ya kurɓi shayin nan mai sanyi, ya ce, “Yaya jikin Baba?”

Mutum yana zaginka kana tambayarsa jikin ubansa. Wannan ai rashin mutunci ne.

Talata, 4 ga wata, ƙarfe 7 na safe

Yau sati uku da ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kwantar da Baba.

Laraba, 5 ga wata, bayan la'asar

Yaya ta aske wa Baba gemu. Ta yanke shi kaɗan a haɓa, ta ce, “Baba yi haƙuri, sabon wanzami ne.” Ya ce, “To.”

Kalmar nan kaɗai ta rage masa. Mutumin da yake yi wa keke magana yana gyara shi, “ke kuma me ya same ki yau”, yanzu “to” ce kawai. Amma ni da Yaya mun ƙirga iri biyar. Akwai “to” ta na gode. Akwai “to” ta ku ƙyale ni. Akwai doguwa, “tooo”, wadda yake yi idan an sa masa labarai a rediyo. Akwai gajeriya mai kaifi, ta in ruwan wanka ya yi zafi. Ta biyar ni kaɗai yake yi wa, idan na shigo ɗakin, kuma har yau ban san ma'anarta ba.

Cokali da hannun hagu. Rabi a baki, rabi a riga. Ba ya so a taimaka.

Kekunan mutane uku har yanzu suna jingine a zaure, da ƙananan takardun da ya liƙa musu. Wata tela ta zo karɓar nata, ta leƙa ta gaishe shi, ta fita ba ta ɗauka ba. Ta ce a bar shi, in ya warke ya ƙarasa.

Ban gaya wa Yaya batun fim ɗin ba. Ta ce, “Rediyo, kwana biyu an rage maka murya a gida, batir ne ya yi sanyi?” Na ce aiki ne.

Juma'a, 7 ga wata, ƙarfe 2:30 na rana

Ka ji wani sabon wulaƙanci.

Na fito bakin titi na ga an rataya ƙyallaye daga wannan turken wuta zuwa wancan, tun daga shataletale har tasha. Manyan baƙaƙe: A NAN MUKA TASHI. Ƙarƙashi, shekara ɗari biyu. A kan wasu har da fuskar Baba, riƙe da sukudireba da ɗan gwangwanin mai.

Kwamitin bikin ne suka ji maganar a gwaji ta burge su, suka mayar da ita taken komai. Riguna ma aka ce ana bugawa.

Mai shagon kusa da mu ya tare ni, baki har kunne. “Kai, ɗan gidan manya! Babanku ya zama ɗan fim!” Na ce masa eh, shi ya sa yake ta magana ba ya gajiya. Ya koma shagonsa. Bai cancanci haka ba, mutumin da yake aiko wa Baba lemo.

Siton da za a haska fim ɗin, a kan unguwarsu aka gina shi. Gida ɗari da wani abu. An tashe su, an yi sito, siton ma ya mutu, tantabaru suka gaje shi. Na auna da ƙafa: inda allo na shida yake, kusan nan ne shagon kakana. Za a tsayar da mutum a kan kangon gidansu, a sa shi ya ce wa waɗanda suka kore shi madalla.

Asabar, 8 ga wata, da hantsi

Ina ta tuna ranar da aka ɗauki muryarsa.

Daraktarmu A-Sake muke ce mata a bayan ido, don ko atishawa ka yi sai ta ce a sake. Ƙaramar mace ce, takalmin roba, ba ta ɗaga murya. Ita ta tsinto ni a rumfar tsofaffin littattafai inda nake tsaro, ina musu da wani malamin makaranta a kan littafin da shi bai ma karanta ba. Ni aji uku na bar makaranta, sauran duk a rumfar nan na haɗa, littafi ba bango, littafi ba ƙarshe. Ta saurare ni ta ce, “Bakin nan yana da kunne kuwa?” Na ce a gwada. Ta ce in zo Litinin.

Da ƙyar na shawo kan Baba. Ya ce shi me ya sani na tarihi, shi zare da allura ya sani. Ya sa farar rigarsa, ya shiga ɗakin, aka rufe ƙofa. Ni ina waje, dokarta ce dangi ba sa shiga. Ya fito bayan minti arba'in ya ce min, “Matar nan ba ta tambaya, shiru take yi har ka gaji ka faɗa.”

Ban ji abin da ya faɗa ba sai bayan wata biyar, da layi ya zo kansa, ranar wata Litinin. Minti talatin da takwas yana bayanin kekuna: wanne ne mai cin zare, wanne ne mai haƙuri. Sai shiru. Sai maganar nan. Na mayar baya na ji ta sau goma sha ɗaya. A gidanmu ba a taɓa faɗa ba. Ni na ɗauka ƙaura suka yi don kansu.

Washegari Talata ce, ranar da ciwon ya kwantar da Baba.

Litinin, 10 ga wata, ƙarfe 5 na yamma

Na sami A-Sake a siton, tana tsaye a tsakiya, ma'aikata a kan tsani suna ɗaura lasifika. Na shirya jawabi tun daga gida. Na fara da cewa na ɗauka ita daban ce. Na ce ashe ita ma 'yar amshin shatan kwamiti ce. Na ce fim ɗinta ƙaton hoton biki ne kawai, an yi wa gari kwalliya an ɓoye tabo.

Ta bar ni har na ƙare. Shirun nan da Baba ya faɗa.

Ta ce, “Tukunya tana kan wuta.”

Na ce, “Na'am?”

Ta ce, “Mai keken ɗinki. Na tuna shi. Saboda maganarsa na sa shi a allo na shida, na tambaya aka nuna min inda shagonsu yake. Ranar gwaji ina can ƙofa ina faɗa da mai janareto, ban ji ba. Da na ga ƙyallen na ɗauka su suka gutsure don talla. Kana nufin a fim ɗin ma babu?”

Na ce babu.

Ban taɓa ganin fuskarta haka ba. Ta ce za ta sa a tono takardar a cikin akwatuna, a ga hannun wa ke kai. Sai ta ce, “Jawabin naka ya yi kyau. Wurin kwalliya da tabo ne ka yi sauri. A sake.”

Na kusa dariya. Na riƙe.

To idan ba ita ba ce, kwamiti ne. Dama na sani.

Talata, 11 ga wata, ƙarfe 7 na safe

Sati huɗu. Ba zan rubuta abin da na ce wa Baba da safen ranar da ciwon ya kwantar da shi ba.

Laraba, 12 ga wata, ƙarfe 1:20 na rana

An samo takardar.

Mai Almakashi ne ya kira ni, ya rufe ƙofa, ya ajiye ta a kan tebur. Rubutuna ne, shafi na tara. Ƙarƙashin “daga nan kuma aka tashe mu, ranar wata Laraba, tukunya tana kan wuta” an ja layi da jan fensir. Sau biyu ma, har takardar ta kusa hujewa.

Ya nuna min bango. Wata takarda ce a liƙe, ta yi wata takwas a wurin, ina wuce ta kullum: KORE A BARI. JA A CIRE.

Ya ce, “Darakta ce take bin shafukanka da fensir biyu kafin su iso ni. Na ga ja, na cire. Har na ce a raina, kai, wannan da an bar ta. Amma ita ta rantse ba ta taɓa shafin nan ba, kuma ita ba ta jan layi biyu.”

Na san fensirin. Yana aljihuna a lokacin da yake maganar.

Tun ina rumfa, duk maganar da ta dake ni a littafi, jan layi nake ja mata. Duk littattafaina haka suke, kamar an yanka kaza a kai. A shafukan aiki ban taɓa yi ba sai sau ɗaya. Na ja ne don kada ta ɓace wa kowa. Don duk wanda ya buɗe ya san nan ne zuciyar.

An faɗi dokar fensir a taron ranar farko. Ina wurin. Ina musu da mai kyamara a kan wani abu da na manta.

Mai Almakashi bai ce komai ba game da katafila. Ya tura min kofinsa. Na sha. Sanyi ƙalau, ba sukari.

Alhamis, 13 ga wata

Ban je aiki ba.

Juma'a, 14 ga wata, bayan magariba

Yaya ta same ni a zaure ina zaune tsakanin kekunan. Ta ce ko in faɗa ko ta karanta a littafin ƙarƙashin katifa, duk ɗaya ne a wurinta. Na faɗa.

Ta zauna kusa da ni. Sai ta ce, “Ni ina da shekara huɗu. Na tuna Inna tana ɗaga tukunyar da gefen zaninta, muna tafiya tana tururi. A bakin titi muka ci.”

Na ce me ya sa ba ki taɓa gaya min ba?

Ta ce, “Yaushe ka taɓa yin shiru har a gaya maka?”

Sai ta dungure min kai kamar ina ɗan shekara shida, ta ce, “Sakarai. Kai ka ɓata, kai za ka gyara. Kuka ba ya ɗinke komai. Tashi ka kai wa Baba ruwa.”

Na kai. Ya yi min ta biyar ɗin.

A-Sake ta aiko saƙo: mayar da maganar aikin minti biyu ne. Amma kwamiti sun riga sun sa hannu a kan fim ɗin yadda yake, duk ƙarin kalma sai an rubuta musu. Ta rubuta.

Litinin, 17 ga wata, ƙarfe 3 na rana

Takardar ta dawo. Babu hatimi, babu sa hannu. A gefe, da shuɗin biro, kalma huɗu: “A bar shi haka.”

Su goma sha ɗaya ne a kwamitin. Na tafi ofishinsu, na zauna a benci awa biyu har Ciyaman ya fito zai shiga mota. Dattijo ne mai fara'a, irin wanda yake riƙe hannunka har ya gama magana.

Na ce, “Ranka ya daɗe, ni ɗan mai keken ɗinki ne, na jikin ƙyalle.”

Ya ce, “Allahu akbar! Babanka ya ba garin nan kyauta. Maganar nan tasa, ni kaina sai da na yi hawaye.”

Na ce, “Rabinta ka ji, ranka ya daɗe.”

Ya ce ya sani, takarda ta zagaya. Ya ce, “Samari, biki ake yi. Ranar murna ba a tono. Wasu daga cikin manyan baƙinmu, iyayensu ne suke ofis a lokacin. Ka fahimta ai, kai mai karatu ne.”

Na ce, “Kai ka rubuta a bar shi haka?”

Ya ce kwamiti ne.

Na ce, “Kwamiti yana da hannu ɗaya da biro ɗaya?”

Ya saki hannuna. Ya ce a gaida Baba, za a ajiye masa kujera a sahun gaba, har da riga.

Abin da ya fi ƙona min rai, ban yi ihu ba. Ina tsaye kamar turke. Da wane baki? Ni na fara cirewa. Su dai sun tsinci abin a ƙasa ne suka ga ya yi musu daidai.

Amma akwai bambanci. Ni ban sani ba. Shi mai biron ya karanta, ya gane, ya ce a bar shi haka. Akwai bambanci. Ina ta gaya wa kaina akwai bambanci.

Talata, 18 ga wata, ƙarfe 8 na safe

Sati biyar. Yau na shiga na zauna a ƙasa kusa da gadonsa.

Na kunna masa muryarsa a waya, cikakkiya. Da ya ji kansa yana bayanin keke mai cin zare, gefen bakinsa mai motsi ya ɗaga. Da aka zo wurin, ya rufe ido.

Na gaya masa komai. Fensir, ƙyalle, shuɗin biro. Na ajiye shafi na tara ɗin a cinyarsa. Sannan na ce, “Baba, maganar da na yi maka ranar nan, cewa kun yi shiru shekara talatin kamar... Ni ne ban san komai ba. Ni ko sati biyar ban iya riƙe tawa ba.”

Bai ce “to” ba. Ya miƙo hannun hagu yana nuna aljihuna. Na ba shi fensirin. Ya daɗe yana kokawa da shi, Yaya tana bakin ƙofa ta toshe baki da mayafi. Ya ja layi, karkatacce kamar sawun tsutsa, tun daga “a nan muka tashi” har zuwa “wuta”. Duka biyun. Bai ɗaga hannu a tsakiya ba.

Na ce, “Baba, ja fa cirewa ne.”

Ya kalle ni irin kallon da yake yi wa wanda ya sa allura a juye. Ya ce, “To.” Ta biyar.

Ina jin na fara gane ta. Kamar “kai dai” ce. Kai dai, yaron nan.

Alhamis, 20 ga wata, ƙarfe 11 na safe

Matar nan!

A-Sake ta kira ni siton, ta sa aka kashe fitilu, aka kunna. Fuskar Baba a allo na shida. “A nan muka tashi.” Sai allunan nan takwas suka mutu gaba ɗaya, duk lasifikokin suka ɗauke. Baba kaɗai, yana kallonka, da sukudirebarsa. Ba sauti ko ɗaya. Har kukan tantabaru na ji a rufi. Na ƙirga a raina. Sannan mai zare ta fito, komai ya dawo.

Ta ce, “Sakan bakwai. Daidai tsawon abin da aka cire. Yarjejeniyata ta ce ba zan ƙara kalma ba sai da izini. Na duba sau uku, ba ta ce komai a kan shiru ba.”

Na ce mutane za su ɗauka wuta aka ɗauke.

Ta ce, “Wataƙila. Ni dai na bar wuri. Ɗakin kallo na jama'a ne, ba ni da iko da bakin kowa.” Tana faɗa tana duban wata waya a ƙasa, kamar ba da ni take ba.

Daga bayan tebur Mai Almakashi ya ce, “Ina ma muna da wani mai ƙaton baki a ma'aikatan nan.”

Juma'a, 21 ga wata, bayan la'asar

Ashe sakan bakwai da tsawo.

Yaya ta riƙe agogo, Baba a jingine da filo, ni a tsakar ɗaki. Karon farko na gama a sakan uku. Baba ya yi gajeriyar “to”, ta ruwan zafi. Na biyu na sa fushi a ciki, na ɗaga hannu kamar mai wa'azi. Ya juya fuska bango.

Yaya ta ce, “Ba faɗa ya yi ba, Rediyo. Faɗi ya yi. Ka sake ji.”

Na sake ji. Akwai numfashi bayan “tashe mu”. Akwai ɗan jinkiri kafin “Laraba”, kamar yana duba ranar a ransa kada ya yi wa kowa ƙarya. “Wuta” kuma a ƙasa take, kusan ba a ji.

Sau goma sha tara. A na ƙarshe Yaya ta ce, “Bakwai cif.” Baba ya yi doguwar, ta labarai.

Rigar kwamiti ta iso a leda. Yaya ta goge masa farar tasa.

Asabar, 22 ga wata, ƙarfe 9:10 na safe

Ƙarfe sha ɗaya za a buɗe. Mai shago ya ce zai kai mu a motarsa, kujerar Baba mai taya za ta shiga baya. Fensirin yana aljihun Baba, ya ƙi mayar min.

Zan tsaya a gindin allo na shida. Idan shiru ya zo, zan faɗi maganar ubana yadda ya faɗe ta, ba ƙari. Ba zan ɓata wa matar nan fim ba, ba zan ɓata wa mutum ɗari shida ba. Garin nan namu ne, a nan muka tashi, wannan rabin ma gaskiya ne, shi ya sa bai ɗaga fensir ba.

Amma idan aka kunna fitilu, aka ce akwai mai tambaya, ni ne. Zan fara da kaina. Zan ce ni na ja jan layin, ga hannun, ga dalili. Sannan in ɗaga takardar mai shuɗin biro, in juya ga 'yan kwamiti.

Ku goma sha ɗaya ne, kuna sahun gaba, Baba ma yana sahun gaba, ku kuka ajiye masa kujerar. Ɗayanku yana da shuɗin biro. Ba a ofis ba, ba a bakin mota ba, ba “kwamiti ne” ba. Ka miƙe tsaye a cikin siton nan, a gaban jama'ar gari, ka dubi mai keken ɗinki a ido, ka gaya masa da bakinka me ya sa za a bar shi haka. Kai kana da baki. Shi “to” kaɗai ta rage masa, kuma mu mun san wacce zai yi maka.

Wanene? Ya tashi ya amsa.